Sauraron ƙasa da cutar dankali: shekara uku na lambun wani zaman haɗaka a kudancin Jos

Wurin da mutanen

Filin yana tsakanin Bukuru da Vom, hekta 2 da 'yar ɗoriya. Ta yamma akwai tsohon kududdufin kuza wanda ba ya ƙafewa ko a watan Maris, ta gabas jerin dogayen bishiyoyin turare, ta kudu kuma shingen ƙyarana irin wanda ke raba gonaki a ƙauyukan Berom. Duk wanda ya san yankin ya san irin ƙasar. Kamfanonin haƙar kuza sun yi ta juya ta tun farkon ƙarni na 20, suka binne ta sama suka fito da ta ƙasa, har harkar ta ja baya, faɗuwar farashin kuza a 1985 ta ƙarasa ta, aka watse aka bar tuddai da ramuka. Abin da ya rage jar ƙasa ce mai tsakuwa, mai tsami, marar ƙarfi. Arzikin wurin ruwa ne da sanyi. Jos tana bisa tudu mai tsayin kimanin mita 1,200, ruwan sama na sauka daga Afrilu zuwa Oktoba, shi ya sa dankalin Turawa da kabeji da karas da latas ke yi a nan yadda ba sa yi a wurare da yawa na Arewa.

Gidaje 9 ne suka haɗa kuɗi suka sayi filin. Da Musulmi da Kirista, Hausawa da Berom da Ngas da gida ɗaya na Yarbawa, kuma da Hausa suke magana a tsakaninsu kamar yadda aka saba a Jos. Abin da ya haɗa su gajiya ce da yadda garin ya rabu bayan rikice-rikicen 2001 da 2008 da 2010, har ya zama sai mutum ya tambayi addinin unguwa kafin ya kama haya. Suka yanke shawarar zama wuri ɗaya da gangan: kowa da gidansa, amma rijiya ɗaya, asusu ɗaya na hidimar wurin, girki tare ranar Asabar, da lambu ɗaya da zai ciyar da kowa, rarar kuma a kai kasuwar Farin Gada. A yarjejeniyarsu sun rubuta cewa ba takin zamani, ba maganin feshi.

Yawancinsu ma'aikatan albashi ne da masu sana'ar cikin gari. Mutum biyu kaɗai a wurin suka san noma da hannunsu, kuma babu ko ɗayansu cikin masu sa hannu a yarjejeniyar. Ɗaya dattijo ne Bakano da ya tsufa yana lambu a bakin kogin Dilimi, aka ɗauke shi gadi, kowa na ce masa Baba. Ɗayar dattijuwa ce daga dangin da suka sayar da filin, gidanta na bayan shingen, ana ce mata Ngo.

Inda tsarin ya fito

Wadda ta kawo tunanin lambun ma'aikaciyar jinya ce mai ritaya, ana kiranta Sista, ta daɗe tana aiki a Birtaniya. A can ta ziyarci Findhorn, a arewacin Sikotlan, inda a 1962 mutum uku, Peter Caddy da matarsa Eileen da abokiyar zamansu Dorothy Maclean, suka sauka a wani filin ajiye motocin kwana suka fara lambu a kan rairayi kusa da teku. Maclean ta ce idan ta natsu tana karɓar saƙo daga ruhohin tsirrai, su gaya mata abin da kowace shuka ke so. Labarin manyan kabejinsu, waɗanda aka ce wani ya kai kilo 18, ya bazu har wurin ya zama matattarar masu neman irin wannan rayuwa.

Da Sista ta kawo maganar ruhohin tsirrai a taronsu na farko, ba ta karɓu ba. Malamin Islamiyya da ke cikinsu ya ce wannan bai da maraba da masu kai wa iskokin tsamiya hadaya, kuma shi ba zai zauna a inda ake yin haka ba. Wani dattijon coci ya mara masa baya. Aka yi ta kai-komo har aka tsaya a kan abin da kowa zai iya ɗauka: bayan sallar asuba a haɗu a ƙarƙashin bishiyoyin turare a yi shiru na minti 20, kowa ya yi addu'a a zuciyarsa bisa addininsa. Musulmi suka dogara da aya ta 44 ta Suratul Isra'i, wadda ke cewa babu wani abu face yana tasbihi da gode wa Allah. Kirista suka kawo Zabura ta 148, inda ake kiran duwatsu da itatuwa su yabi Ubangiji. Bayan shirun kowa ya faɗi abin da ya zo masa a rai game da lambun, abin da ya fi rinjaye shi ne aikin ranar. Suka sa wa abin suna sauraron ƙasa.

Abu biyu suka biyo bayan wannan tsari ba tare da an zauna an yanke su ba. Ba a ajiye littafin rubuta komai ba, domin Sista ta ce lissafi yana toshe kunnen zuciya. Kuma Baba ba ya cikin zaman, domin a lokacin ne yake tashi daga gadi ya je ya kwanta.

Rani na farko: Nuwamba zuwa Maris

A farkon Nuwamba suka cire takalma suka zagaya filin a shiru. A kusurwar arewa maso yamma, kusa da kududdufin, Sista ta tsaya ta ce nan ne. Baba ya yanka musu fangali 12, aka yi dashen kabeji da latas, aka yafa karas, ana ban ruwa da ɗan ƙaramin inji daga kududdufin. Ba a zuba taki ko cokali ɗaya ba.

A Fabrairu kabejin ya naɗe ya yi tauri, wani sai an sa hannu biyu. Kowane gida ya ci ya raba wa dangi, aka cika bayan mota aka kai Farin Gada, dillalai suna tambayar a ina aka noma. Masu shakka a cikinsu suka yi shiru, zaman safe ya cika.

A wannan lokacin ne Ngo, tana wucewa da itace a ka, ta gaya wa ɗaya daga cikin matan cewa wannan kusurwar mashekarin Fulani ce, shekara da shekaru shanu suna kwana a nan duk rani. Ta nuna mata zaƙi-banza da ya fito da kansa a bakin fangali, ta ce ba ya fitowa a ƙasa mai yunwa. Matar ta faɗa a wajen girkin Asabar, aka ce ikon Allah, aka ci gaba da hira.

Damina ta farko: Afrilu zuwa Agusta

Shirin damina shi ne masara a tsakiyar fili, dankalin Turawa a gabas. Gabas ɗin an zaɓe ta ne domin nan ne kusa da wurin zaman shiru, mutane da dama sun ce suna jin natsuwa a wurin.

Ruwa ya zauna a ƙarshen Afrilu. Maƙwabta suka yi kunya suka shuka dankalinsu. Baba ya sami Sista ya ce, "Sista, shamuwa ta zo, ƙasa ta jiƙa kamu guda, mutane sun shuka. Mu me muke jira?" Ta ce, "Baba, a yi haƙuri, ƙasarmu ba ta ce ta shirya ba." Aka jira. Wani daga cikinsu da ya karanta tsarin shuka da tafiyar wata, wanda ake dangantawa da laccocin noma da wani Bature masanin falsafa, Rudolf Steiner, ya yi a 1924, ya ƙara da cewa amfanin da ke yin 'ya'ya a cikin ƙasa a lokacin raguwar wata ake shuka shi. Tsakanin jiran ilhama da jiran wata, sai tsakiyar Yuni aka sa iri a ƙasa. Irin buhu 3 ne da aka saya a kasuwa, ba a san gonar da ya fito ba. An shuka shi kusa da kusa a kan ƙananan kunyoyi, domin an ce tsirrai suna son zumunci.

Masarar ta fara nuna alama tun tana ƙarama. Ganyenta na ƙasa ya yi shuɗi-shuɗi mai ja a gefe, ta tsaya ba ta kai gwiwa ba a lokacin da ta maƙwabta ta kai ƙugu. A zaman safe aka ce tana bukatar a riƙa yi mata magana, aka raba yara suna zuwa da yamma suna yi mata waƙa.

Dankalin ya fito da kyau. Zuwa ƙarshen Yuli, lokacin da maƙwabta suke tone nasu suna ɗurawa a buhu, na zaman haɗakar ya rufe ƙasa yana fure. Yuli da Agusta kuwa su ne tsakiyar ruwa a Jos: yayyafi na yini guda, hazo da safe, sanyi da dare. A gefen gabas bishiyoyin turare sun tare hantsi, raɓa ba ta bushewa a kan ganye sai rana ta yi tsaka.

A makon farko na Agusta, Baba yana zagayen ƙarshe da fitila kafin gari ya waye, ya ga tabo a bakin wasu ganyaye, launin ƙasa mai duhu kamar an ɗiga musu tafasasshen ruwa. Ya juya ganyen, a bayansa akwai farar funfuna siririya zagaye da tabon. Ya tsinko guda uku ya tsaya har aka tashi daga zaman shiru, abin da bai taɓa yi ba. Ya ce wannan ita ce cutar da ke ƙone dankali, a tuge waɗanda suka kamu yau a binne su nesa, a yi feshi a sauran kafin gobe, in ba haka ba mako ɗaya ya isa.

Abin da ya gani shi ne cutar da malaman gona ke kira bilait. Ƙwayar cuta ce mai kama da funfuna, tana son sanyi da laima, iska da feshin ruwan sama ke ɗaukar ta daga ganye zuwa ganye, takan kuma zo a ɓoye cikin irin da aka shuka. Ita ce ta jefa ƙasar Ayilan cikin yunwa daga 1845, kuma manoman Bokkos da Mangu da Barkin Ladi sun san ta sarai, duk damina mai yawan hazo sai ta taɓa su.

An ce masa feshi ya saɓa yarjejeniya, tugewa kuma sai an saurara tukuna. Washegari abin da ya rinjaya a zaman shi ne tsirran suna fitar da dattin da ke jikinsu ne, a bar su. Kwana uku bayan haka, da tabon ya hau kara, aka daka tafarnuwa da barkono aka tace aka yayyafa. Wasu suka kwana suna addu'a a bakin gonar. Cikin kwana 9 da ganin tabon farko babu koren ganye ko ɗaya, kara ya yi baƙi ya kwanta, wurin yana warin ruɓa har cikin gidaje. Aka tono buhu 4 na ƙananan dankali, kusan rabi ya ruɓe a ɗakin ajiya cikin mako biyu, domin ruwa ya wanko cutar daga ganye zuwa cikin kunyar da ba ta da kauri. Masarar ba ta ba da abin kirki ba.

Taron Satumba

Taron ya yi zafi. Akawun da ke riƙe da asusu ya karanta abin da aka kashe a iri da man inji da leburori. Wata mata ta ce ita tun a Mayu ranta ya ba ta a shuka, amma ta ji nauyin faɗa, domin wa zai ce wa Sista abin da ta ji ba daidai ba ne? Wani ya ce shi sau da yawa ba ya jin komai a zaman, yana faɗin abin da na kusa da shi ya faɗa ne kawai. Sista ta ce laifin rashin haɗin zuciya ne, masu shakka sun yi yawa. Nan aka kusa tashi baram-baram.

Malamin Islamiyyar ne ya kawo hadisin barbarar dabino da ke cikin Sahihu Muslim. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ga mutanen Madina suna yi wa dabino barbara ya ce ko ba su yi ba zai yi kyau, suka bari, dabinon ya lalace, da suka gaya masa sai ya ce su suka fi sanin al'amarin duniyarsu. Malamin ya ce in har haka ta faru a Madina, mu su wa ne da za mu ƙi tambayar mai lambu?

An tashi da shawara uku. Zaman shiru yana nan, amma an mai da shi ƙarfe bakwai domin Baba ya samu halarta, an kuma roƙi Ngo ta riƙa shigowa. Za a sayi littafi. Kuma duk abin da wani ya ce ya zo masa a rai, ba za a yi gardama da shi ba, ba kuma za a bi shi a dukan lambun ba: za a ware fangali biyu kusa da juna, ɗaya a yi yadda ya ce, ɗaya a yi yadda Baba ya saba, a rubuta abin da ya fito. Sista ba ta so ba, amma ta amince.

Rani na biyu

An koma kusurwar bara da kabeji, aka ƙara sababbin fangali 10 a tsakiyar fili. Na tsohon wurin bai kai na bara ba, na sabon wurin kuwa ganye ne kawai ja-ja, ya ƙi naɗewa. A nan ne aka kira malamin gona, ya ɗebi ƙasa daga wurare uku aka kai gwaji. A ma'aunin tsamin ƙasa da ake kira pH, inda ƙaramar lamba ke nufin tsami mai yawa, na tsakiyar filin ya nuna 5 da ɗigo kaɗan, na tsohon mashekarin ya haura 6. Ya yi musu bayanin cewa a ƙasa mai tsami irin wannan, sinadarin fosfaras yana maƙalewa ta yadda saiwa ba ta iya jan shi, kuma shuɗin da suka gani a ganyen masara alamarsa ce. Kabeji ya fi son ƙasa tsakanin 6 da 7.

Baba ya ce a Dilimi toka suke sa wa irin wannan ƙasa. Masu lambu a Jos sun daɗe suna sayen tokar juji daga cikin gari a mota, amma malamin gonar ya hana su wannan, domin tana zuwa da ƙonannen batir da roba da gwangwani. Aka koma tara tokar murhu daga gidajen 9 da ta wata mai tuyar ƙosai a bakin hanya. Zumuɗi ya sa a fangali biyu aka zuba ta da kauri aka yi dashe a ranar, dashen ya ƙone. Daga nan aka riƙa barbaɗa ta sama-sama, a cakuɗa da ƙasa, a ba da ruwa, a jira mako biyu. Kashin kaji ma da aka sayo daga wata gonar kaji ya ƙone latas da aka zuba shi ɗanye, sai da aka haƙa ramuka uku ana jera shi da ciyawa da ɓawon kayan girki ana juyawa har ya huce ya yi baƙi.

A ƙarshen Janairu wata yarinya 'yar shekara 11 ta kawo ganyen kabeji wurin zaman safe. Tun bayan taron Satumba an ƙara wani abu a kan shirun: idan aka tashi, kowa yana da fangalinsa da zai bi yana juya ganye. A bayan ganyen akwai ƙananan tsutsotsi kore, in an taɓa ɗaya sai ta yi ta mutsu-mutsu da baya ta faɗo tana lilo da zare, sun ci naman ganyen sun bar fatar sama kamar leda. An gan su tun suna fangali biyu. Aka daka 'ya'yan darbejiya, giram 50 a litar ruwa, a jiƙa ya kwana, a tace a fesa da yamma har bayan ganye, duk mako. Ba a rabu da su gaba ɗaya ba, amma kabejin ya kai kasuwa.

A wannan ranin aka gwada maganar wata da karas, fangali biyu sau biyu. Littafin bai nuna bambanci ba. An gwada yi wa latas waƙa, shi ma haka. Yaran dai sun ce su za su ci gaba.

Damina ta biyu

An kai dankalin tsakiyar fili inda rana ke bugawa tun da safe, aka zuba takin rami, ba a sa masa toka ba domin tana jawo masa ƙuraje a fata. Malamin gonar ya gaya musu akwai tashar binciken dankali a Kuru, ya kuma haɗa su da wani manomi da ke ajiye iri mai tsabta. Ruwan farko na Afrilu ya zo da ƙarfi, wasu suka ce a shuka. Ngo ta tura hannu cikin ƙasa ta ce, "'Ya'yana, wannan ruwan yaudara ne, ku bari na biyu." Bayan kwana 10 ba ɗigo, sannan ruwa ya zauna, aka shuka a makon ƙarshe na Afrilu. Kunya manya, taki guda tsakanin iri da iri, aka yi huɗa sau biyu.

Maganar feshi ta sake tasowa. Bayan doguwar muhawara aka yarda da maganin da ake haɗawa da jan ƙarfe, wanda ko masu noman da ba sinadari a ƙasashe da dama sun halatta, a rabin gona kawai. Irin wannan magani kariya yake yi, ba ya warkar da ganyen da ya riga ya kamu, don haka aka fara tun ƙarshen Yuni kafin a ga komai.

Tabon farko ya fito a tsakiyar Yuli a rabin da ba a fesa ba, mutum biyu suka gan shi a safiya ɗaya. A lokacin dankalin ya kusa ƙosawa. Aka yanke karan duka aka kwashe aka binne nesa, aka bar 'ya'yan a ƙasa mako biyu fatarsu ta yi ƙwari, aka tone a ranar da ba ruwa. Rabin da aka fesa ya ƙara kusan mako biyu yana kore. Daga iri buhu 3 aka samu buhu 8 a wancan rabin, 12 a wannan.

Akwai wani lungu a kudu maso yamma da tun farko Sista ta hana a taɓa, ta ce wurin ba ya son garma. Masu adawa da ita sun so a nome shi a wannan daminar, aka bar shi saboda ƙa'idar fangali biyu ba ta yiwu a wurin. A Agusta ruwa ya ɓuɓɓugo daga ƙasa a nan ya kwanta har Oktoba, ciyawar wurin kuma ita ta tare jar lakar da ke gangarowa daga kunyoyi zuwa kududdufin.

Bishiyoyin turare

Wannan ce ta fi tsada. Gefen gabas, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na filin, ba ya yin komai: inuwa da safe, saiwoyi har cikin fangali, ƙasa a bushe kwana ɗaya bayan ban ruwa. Baba da malamin gona suka ce a sare layin farko. Wasu suka ce nan ne wurin ibadarsu, kurmi ne mai alfarma. Da aka tambayi Ngo sai ta yi dariya. Ta ce wuraren da iyayenta ke girmamawa suna can kan duwatsu, ba a shiga da gatari, amma waɗannan gwamnati ce ta dasa su a kan ramukan kuza da aka cike, tana yarinya ta ga ana dasawa. Bishiyar ma asalinta daga Ostireliya take.

An sare layi ɗaya a Disamba, aka haƙa rami mai zurfin mita ɗaya tsakanin sauran da lambun domin a datse saiwa, aka dasa piya guda 6. Gida ɗaya, waɗanda suka ce domin wannan kurmin suka zo, sun sayar da rabonsu suka koma cikin gari.

Shekara ta uku

Lambun yana ciyar da gidaje 8 da ganye da karas da kabeji daga Disamba zuwa Afrilu, da dankali na wata uku zuwa huɗu bayan damina. An daina masara, aka sa acca a tsakiyar tudun bisa shawarar Ngo, domin ita ba ta damu da ƙasa marar ƙarfi ba. Ba a maimaita dankali ko tumatir a wuri ɗaya a jere, tunda 'yan gida ɗaya ne kuma cuta ɗaya ke cin su. Gwajin ƙasa na biyu ya nuna tsakiyar filin ta kusa 6. Kuɗin da ake samu a Farin Gada yana biyan iri da man inji da albashin Baba, wanda yanzu shi ne shugaban lambu, aka ɗauki wani gadin. Zaman shiru na nan kullum, Sista ce ke buɗe shi.

Abin da na fahimta

Ban ga alamar ƙasa ta yi wa kowa magana ba, kuma littafinsu bai nuna haka ba. Amma ba zan ce Sista ba ta jin komai ba. Sau biyu ta yi daidai, a mashekari da lungun ruwa, kuma duka biyun wurare ne da ƙafa marar takalmi da ido za su iya bambantawa: laushin ƙasa, sanyinta, irin ciyawar da ke kai. Mace ce da ta yi shekaru tana duban marasa lafiya, ta saba gane abu kafin ta iya faɗin dalilinsa. Inda ta faɗi shi ne inda babu abin da jiki zai ji: ranar shuka, tazarar iri, da cutar da ba ta taɓa gani ba. A nan Baba da Ngo ma da jin jiki suke aiki, sai dai nasu an gina shi a kan damina da yawa da asara da yawa. Ko a Findhorn ɗin, masu ba da labarin kabeji sukan tsallake irin takin da Peter Caddy ya yi ta tarawa a kan rairayin nan, kashin doki da ciyawar teku da toka.

Asarar daminar farko, a ganina, ba ilhama ce kaɗai ta jawo ta ba. Tsarin ne ya sa maganar da aka ce an jiyo ta a cikin shiru ta fi ƙarfin a yi mata musu, kuma ya bar mutum biyun da suka san aikin a waje, ɗaya saboda shi mai gadi ne, ɗaya saboda ba ta sa kuɗi ba. Wannan na biyun ya fi ba ni haushi, ganin cewa mutanen sun taru ne domin su rushe irin wannan bambanci. Ƙa'idar fangali biyu ta yi aiki domin ba ta kunyata kowa, mutum yana iya faɗin abin da ya ji ba tare da abincin gida 8 ya rataya a wuyansa ba.

Zaman shirun kuwa, da za a soke shi da an yi asara. Shi ke fito da mutum goma sha wani abu cikin lambu kowace safiya, kuma ganin tsutsa tana fangali biyu da ganin tabo a ranar da ya fito daga nan suka samu. Ba kowane manomi ke da idanu masu yawa haka ba. Shi ne kuma kawai abin da Musulmi da Kiristan wurin ke yi tare da ya shafi ibada.

Maganar feshi ba ta mutu ba. Har yanzu yarjejeniyar tana cewa ba maganin feshi, ba a gyara rubutun ba, kowace shekara kuma sai an sake muhawara a watan Yuni kan rabin gonar da za a fesa. Jan ƙarfe yana taruwa a ƙasa idan aka daɗe ana zuba shi, kuma lambun yana gangara ne zuwa kududdufin da suke ban ruwa da shi. Akawun ya ba da shawarar a kai ruwan gwaji kafin damina mai zuwa, an sa shi a lissafin kuɗin watan Maris.